Abin da Inna Ta Hana a Sa a Littafi

Ni mutum ce da idan abu ya dame ni littafi nake nema. Wasu kan tafi wajen ƙawa su amayar da abin da ke cikinsu, wasu su shige ɗaki su ja bargo, ni kuwa sai na ga damuwata a rubuce kafin hankalina ya kwanta. Maigidana yakan ce ko gishiri ne ya yi yawa a miya sai na duba abin da masana suka faɗa a kai. Na daɗe ina koyarwa a wata firamare a Ƙaraye, kuma har yau wannan hali bai bar ni ba. Shi ya sa da yayanmu ya rasu, ana share makoki na nufi kasuwa wajen mai sayar da littattafai.

Yaya shi ne ɗan farin Innarmu. Manomi ne a ƙauyenmu da ke gefen Rogo, mutum mai yawan dariya da son tsokana. Shi ya saya min littafin farko da na mallaka, da kuɗin gyaɗarsa, ko da yake shi kansa karatun boko bai dame shi ba. Ya rasu da kaka, ana gama cire gyaɗa. Zazzaɓi ne na kwana huɗu, a na biyar aka kira ni ina cikin aji.

Duk wanda ya tashi a wajenmu ya san uwa ba ta faɗin sunan ɗanta na fari, ba ta kuma nuna ta san da zamansa. Inna ta riƙe wannan kara da hannu biyu. Tun da na buɗe ido ban taɓa jin sunansa a bakinta ba. Kakarmu ce ta yaye shi, a ɗakinta ya girma. Idan Inna za ta ambace shi sai ta ce “yayanku”, ranar da ya ɓata mata rai kuma ya zama “wancan mutumin”. Kullum da safe yakan zo ya durƙusa a bakin ƙofarta ya gaishe ta, ita kuma ta amsa tana kallon kwanukan jerenta kamar da su take magana. Idan ta dama kunun gyaɗa sai ta zuba a kwano ta miƙo min ta ce, “Kai wa mutanen gidan can, ya yi mana yawa.” Kullum kunun nan yawa yake yi mana, kuma kullum ragowar daidai cikin mutum ɗaya ce. A lokacin ban kawo komai a raina ba, ni dai aike aka yi min.

Ranar da aka kai shi, na yi kuka har sai da mata suka rirriƙe ni suna cewa in yi salati. Inna kuwa tana zaune a kan tabarma da carbinta. Duk wanda ya ce mata “Ya haƙuri?” sai ta ce “Da godiya,” idonta a bushe ƙamas. Na ce a raina, to, kara ce, bari mutane su ragu. Mutane suka ragu, ba abin da ya sake. Ranar uku da hantsi na ji ta kira autanmu, wanda shi ma magidanci ne da iyalinsa, tana tambayarsa ko an kwashe gyaɗar da ke shanye a bayan gidan mamacin, kada awaki su yi ɓarna. Ta sa ya cika buhu guda ya ɗinke bakinsa, ya kai mata ɗaki ya ɗora a kan duwatsu saboda gara. Ta ce a gaya wa matar yaya, da ke takaba, cewa idan an zo rabon gado wannan buhun shi ne nata, ba ta son komai bayansa.

Wallahi ranar na ji abin da ban taɓa ji game da uwata ba. Mutum kwanansa uku a ƙasa, ita gyaɗa take tunawa. Na koma Ƙaraye da tambaya ɗaya tana cin raina: shin Inna ta so shi kuwa? Idan amsar a’a ce, ban san yadda zan ci gaba da durƙusawa gabanta da zuciya ɗaya ba. Kuma ba tambayar da ’ya za ta kalli uwarta ta yi mata ba ce.

Mai littattafan wani dattijo ne da ke baje kayansa a kan leda a inuwar darbejiya, ya danne kowane jeri da dutse saboda iska. Ya san ni, don rabin albashina a wajensa yake ƙarewa. Da ya ga abin da nake ɗagawa ina ajiyewa sai ya ce, “Malama, wa muka rasa?”

Na gaya masa. Ya yi min gaisuwa, ya yi addu’a, sannan ya fara zaro min littattafai kamar mai haɗa magani. Wannan na wadda miji ya rasu ne, wannan na wanda ya rasa uwa, wannan na iyayen da aka yi wa rasuwar ɗa. Na ce na ɗan’uwa fa? Ya daɗe yana jujjuya kayansa, ya ce, “Kin ga kuwa shi ba a cika rubutawa ba.” Na ce ba komai, dama ba don kaina nake nema ba, don tsohuwata ne. Ya kalle ni ta saman tabarau, ya ƙulle min guda uku a leda.

Dabarata ita ce in riƙa zuwa gida duk Asabar ina karanta wa Inna. Ita ba ta yi boko ba, amma tana son a karanta mata abu, tun muna yara. Na ce idan ta ji yadda iyaye mata ke kukan ’ya’yansu, ko dutse ne a ƙirjinta sai ya tsage. A gaskiya hannunka-mai-sanda na shirya yi wa uwata da littafi, Allah ya yafe min.

Haka na riƙa yi. In shiga motar Rogo da safe, da ɗan kifin dam a leda da littafi a jaka, in sauka in hau babur zuwa ƙauye. In tarar da ita a gindin bishiyar mangwaron tsakar gida tana saƙar faifai. Mu gaisa, in ci abin da na samu, in buɗe littafi.

Na fara da wani ɗan littafin wa’azi a kan ladan wanda aka jarraba da rashi ya yi haƙuri. Littafi ne mai kyau, ni kaina ya sanyaya min zuciya. Inna ta saurara har ƙarshe tana gyaɗa kai. Ashe duk abin da ke ciki ta riga ta ji shi a islamiyyar matan unguwa, har ta gyara min wata addu’a da na karanta a karkace. Ta ce, “Wannan malami gaskiya ya faɗa, Allah ya saka masa.” Ta ci gaba da saƙarta. Na lura dai wannan littafin goyon bayanta ya yi, ba nawa ba, sai na ajiye shi.

Na biyu labari ne na wata mata da ɗanta ya rasu a hatsarin mota. Wannan shi na fi sa wa rai. Matar cikin labarin ta faɗi ta yi birgima, ta suma, ta farfaɗo, ta kwana bakwai ba ta sa komai a bakinta ba. Na karanta wurin ina ɗaga ido ina leƙen fuskar Inna.

Ta ce, “Kwana bakwai ba ta ci ba?”

Na ce, “Bakwai cur, Inna.”

“To wa yake dafa wa sauran yaran?”

Na ce littafin bai faɗa ba.

“Shi yaron, na fari ne?”

Na duba, na ce wannan ma bai faɗa ba.

Ta ce, “To ai kin ji.” Ta ciji zaren kaba ta tofar.

Na cika na yi fam, amma na haɗiye. Asabar ta gaba na koma da wani. Da na gama da na dattijon kasuwa sai na shiga aro. Wata abokiyar aikina ta ba ni wani na Turanci, wanda wata Baturiya ta rubuta bayan mijinta ya rasu. Shi sai in karanta a zuci in faɗa wa Inna da Hausa. Matar tana ba da shawarar a riƙa zancen mamaci, a ajiye kayansa inda ido zai riƙa gani, har ma a zauna a rubuta masa wasiƙa.

Inna ta ce, “Wasiƙa? Wace motar ce za ta kai?”

Dariya ta kusa ƙwace min, na danne, don ba dariya na zo yi ba. Na ce matar ta kuma ce a riƙa kiran sunan wanda ya tafi, a faɗe shi da baki, kada a bari ya ɓace daga gida. A nan na ja maganar, na maimaita ta sau biyu. Hannun Inna ya tsaya a kan faifan na ɗan lokaci. Sai ta ce, “Su can haka suke yi.” Ta tambaye ni ko matar tana da ’ya’ya a kusa, ko akwai masu shigowa su zauna da ita. Na ce ita kaɗai ce a gidan, sai kyanwa. Inna ta yi salati ta ce, “Baiwar Allah! Ba dole ta yi wasiƙa ba.”

Daga ranar Baturiyar nan ta zama mutuniyar Inna. Ina sauka daga babur, kafin in gama gaishe ta, za ta ce, “Ya mutuniyar taki ta littafi? Ta fara cin abinci?” Ranar da muka kai inda matar ta fita ta shuka furanni a bayan gidanta, Inna ta ce, “Yawwa, yanzu ta yi hankali.” Na zauna ina kallon ikon Allah. Matar da ba ta taɓa gani ba ta samu tausayinta, ɗan da ta haifa ko ambato.

Buhun gyaɗar nan kuwa yana nan a ɗakinta. Jikoki ba su isa su zauna a kai ba. Da rani ya yi nisa gyaɗa ta yi tsada, matar autanmu ta ce ko za a ɗiba a yi ƙuli, Inna ta yi mata kallon da ba ta sake tayar da zancen ba. Duk sanda na shiga ɗakin na gan shi sai raina ya ɓaci.

Da bazara abin ya kai ni bango. Ana zafi kamar a gasa mutum, na sha rana a hanya, na zauna na karanta shafi uku, Inna ta katse ni tana tambaya ko na ga kazarta mai wake-wake a waje. Na rufe littafin da ƙarfi.

Na ce, “Inna, ni fa na gaji. Wata shida ke nan ina zuwa ina karanta miki. Ko ɗigon hawaye ban gani ba. Kara ai da mai rai ake yi wa. Shi ke nan haka zai tafi kamar ba daga cikinki ya fito ba?”

Ina rufe baki na san na wuce gona da iri. Ta ajiye faifan ta dube ni sosai, abin da ba ta cika yi ba.

Ta ce, “Au, wai dama ni ake yi wa karatun?”

Kafin in buɗe baki ta ci gaba.

“Ni na ɗauka maganinki ne kike zuwa sha a gabana. Duk Asabar ki zo ki karanta, ki yi kukanki, ki fyace hanci, ki ci tuwo, ki koma gidan mijinki da sauƙi. Shi ya sa nake barin abin da nake yi in zauna miki. Duba takardun nan ki gani, hawayen wa ya jiƙa su?”

Na duba. Shafukan duk sun yi kumburi-kumburi inda ruwa ya ɗiga ya bushe, kuma ba mai taɓa littattafan nan sai ni. Kunya ta rufe ni. Ta ɗauki faifanta ta ce, “Ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba. Tashi ki nemo min kazar nan.”

Na nemo kazar, amma na tafi da fushina. Gaskiya ta faɗa, littattafan ni suka yi wa aiki: na fara barci, na daina firgita idan waya ta yi ƙara ina cikin aji. Sai dai tambayata tana nan inda take. Asabar biyu ban je ba. Maigidana ya ce, “Ke da tsohuwar nan ai hali ɗaya gare ku, shi ya sa.” Na ce kada ya sake haɗa ni da ita, ya yi dariyarsa ya fita.

Sai aka yi ruwan shuka. Washegari da sassafe autanmu ya kira ni ya ce, “Inna ta ce ki zo gobe. Ta ce kada ki zo da littafi, ki zo da tsohon zane.”

Na isa da hantsi na tarar da buhun nan a tsakar gida, babu komai a ciki. Ashe tun da hadari ya fara haɗuwa ta kwance shi, ta zauna ita kaɗai ta ɓare gyaɗar nan da hannu, ƙwaya-ƙwaya, ta hana a kai inji don kada ya fasa iri. Yatsunta duk sun yi ja. Ta tsince masu kyau ta cika ƙwarya biyu, ta miƙo min ɗaya ta ce, “Mu je.”

Gonar yaya muka nufa. Inna ta yi shekaru rabonta da gona, gwiwa ta hana ta, amma ranar ita ce a gaba. Autanmu ya riga mu zuwa, ya yi nisa yana sara da sungumi, ramuka sun jeru a bayansa. Ƙasa ta jiƙu tana ƙamshi. Inna ta kama layi ɗaya, ta nuna min na kusa da shi. Rabona da shuka tun ina budurwa, sai jefa ƙwaya nake tana faɗawa gefen rami, ina sunkuyawa ina gyarawa. Ita kuwa tafiya take a hankali, ƙwarya a kugu, ta jefa, ta rufe da diddige, ta taka gaba.

Na ji tana motsa baki. Ban damu ba, na ɗauka tasbihi take, don Inna ko tsintsiya ta ɗauka da ambaton Allah take ɗauka. Da muka juyo layi na uku hannuna ya fara sabawa, na cim mata, muka jera kafaɗa da kafaɗa. Iska ta ɗan kwanta. A nan na ji abin da take faɗa.

Sunansa ne. Sunansa na yanka, cikakke. Ta jefa ƙwaya, ta kira sunan, ta ce Allah ya jiƙanka, ta rufe da diddige. Ta taka gaba, ta jefa, ta sake kira. A hankali take faɗinsa, yadda ake tashin yaron da ba a so ya firgita. Tun daga ramin farko take yi, kuma gonar nan ba ƙarama ba ce.

Ban san sanda ƙwaryar ta suɓuce daga hannuna ba. Inna ta juyo. Fuskarta sharkaf da hawaye, har yana ɗiga daga haɓarta, ba ta kuma yi ƙoƙarin sharewa ba. Ta dubi gyaɗar da ta warwatse a ƙasa ta ce, “Kin zubar min da iri. Tsince.”

Na durƙusa ina tsincewa, ina kuka, ban ma iya ganin ƙwayoyin. Ta tsaya a kaina har na gama. Sai ta ce, ba tare da ta dube ni ba, “Ranar suna na faɗa masa shi sau ɗaya a kunne, da mata suka fita cin tuwo. Daga nan ban ƙara ba sai yau. Shekara arba’in da ɗoriya yana nan,” ta dafa ƙirjinta, “bai tsufa ba.”

Na ce, “Inna, ki yafe min.”

Ta ce, “Allah ya yafe mana gaba ɗaya. Kama layinki, rana tana yi.” Mun yi taku kaɗan sai ta ƙara da cewa, “Na san halinki. Abin da kika ji, kada ki sa shi a littafi.”

Gyaɗar ta yi kyau a shekarar, ’ya’yan yaya suka ci, aka sayar da saura aka yi musu ɗinkin Sallah. Inna ta sake cire buhu guda ta ɗora a kan duwatsun nan. Haka take yi duk kaka har yanzu, kuma duk damina ni da ita muke zuwa. Gwiwar ta ƙara tsanani, layi biyu take iya yi ta zauna a inuwa, ni in ƙarasa. A gida kuwa har gobe “yayanku” ne, ba abin da ya sauya, ni ma ban ƙara neman ya sauya ba.

Littattafan suna nan a kabad ɗina da tabon hawayensu. Ba na raina su, sun riƙe ni lokacin da nake neman abin riƙewa. Idan aka yi wa wata a makarantarmu rasuwa nakan zaɓi ɗaya in kai mata bayan an kwana biyu, in ce ta karanta don kanta, kada ta karanta wa kowa da niyyar gyara shi. Na koma wajen dattijon kasuwa na ce masa har yanzu ban ga na ɗan’uwa ba. Ya ce, “To Malama, wa kike jira ya rubuta?”

Da na fara wannan rubutu sai da na je na nemi izinin Inna. Na tarar da ita a gindin mangwaro, na faɗa mata abin da zan saka: kunun da ke yawa, buhu, Baturiya da kyanwarta, rashin kunyar da na yi mata, har da gona. Ta daɗe tana saƙa kafin ta ce, “Sa duka, har da kazar. Abu ɗaya na hana ki.”

Ga shi na sa duka. Sunan yana wajenta.